Yadda Ake Bin Diddigin Tarihin Shirin See It Now na CBS

Duk wanda ya yi niyyar rubuta tarihin See It Now, shirin labarai da gidan talabijin na CBS a Amurka ya gabatar daga 18 ga Nuwamba 1951 zuwa 7 ga Yuli 1958, ya fara da sanin cewa abin da yake kallo yau a intanet ba shi ne ainihin abin da mutane suka kalla a lokacin ba. Kwafi ne, sau da yawa ma kwafin kwafi, wanda wani ya yanke, ko ya cire tallan da ke ciki, ko ya sauya masa gudu ba da saninsa ba. Yawancin kurakuran da ke yawo a kan Edward R. Murrow da Fred Friendly, mutum biyun da suka kafa shirin, daga nan suke samo asali. Ga yadda ake aikin.

Jadawali tukuna, kallo daga baya

Kafin ka buɗe ko da bidiyo ɗaya, ka zana jadawali mai gurabe bakwai: kwanan wata, ranar mako, ƙarfe nawa, tsawon shirin, batun da aka tattauna, kamfanin da ya ɗauki nauyi, da inda kwafin yake a yau. Gurbin ranar mako shi ne wanda mutane suka fi rainawa, kuma shi ne ya fi kama kuskure.

Dalili shi ne shirin ya sha sauya mazauni. Ya fara ne da yammacin Lahadi, na rabin awa. A ƙarshen 1953 yana fita daren Talata da ƙarfe 10:30 agogon New York, kuma a nan ya zauna har tsakiyar 1955. Daga nan ya daina zama na mako-mako, ya koma na awa guda ko fiye, yana fitowa jefi-jefi a ranaku daban-daban. Saboda haka idan wani littafi ya ba ka kwanan wata a 1954, duba kalandar shekarar. Idan bai faɗo ranar Talata ba, akwai matsala: ko marubucin ya ɗauki ranar da jarida ta buga sharhi a kan shirin, ko ranar da wata tasha ta nuna shi a makare.

Akwai ranaku da ba a jayayya a kansu, waɗanda za ka kafa a matsayin turaku. Shirin farko, Lahadi 18 ga Nuwamba 1951. Shirin Kirsimeti daga fagen yaƙin Koriya, Lahadi 28 ga Disamba 1952, mai tsawon awa guda. Batun Laftanar Milo Radulovich, Talata 20 ga Oktoba 1953. Rahoto a kan Sanata Joseph McCarthy, wanda ya yi suna wajen zargin mutane da kwaminisanci, Talata 9 ga Maris 1954, sai na Annie Lee Moss mako guda bayansa, sai martanin McCarthy ranar 6 ga Afrilu. Hira da masanin kimiyya J. Robert Oppenheimer, 4 ga Janairu 1955. Kashi biyu a kan taba sigari da sankarar huhu, 31 ga Mayu da 7 ga Yuni 1955. Shirin garin Clinton na jihar Tennessee a kan haɗa baƙaƙe da fararen yara a makaranta ɗaya, 6 ga Janairu 1957. Sauran makonnin za ka cike su ne daga shafukan shirye-shiryen talabijin na jaridu.

A nan ka yi hattara da abu guda. Shafin jarida yana faɗin abin da aka yi niyyar nunawa ne, ba abin da aka nuna ba. Ana buga shi kwanaki kafin lokaci, alhali Murrow da Friendly sukan sauya batu a kurarren lokaci idan labari ya taso. Mujallar TV Guide, wadda ta fara fita a faɗin ƙasar a Afrilun 1953, ta fi jaridun kullum wannan matsalar domin tun da wuri ake kai ta maɗaba'a. Abin da ke tabbatar da cewa shiri ya fita shi ne sharhin da aka rubuta bayansa: na Jack Gould a New York Times, na John Crosby a New York Herald Tribune, ko na mujallun sana'ar irin su Variety da Broadcasting. Ƙa'idar ita ce shaida biyu ga kowane layi na jadawali, ɗaya ta kafin shirin, ɗaya ta bayansa. Layin da ke da shaida guda kawai, ka sa masa alama.

Abubuwa uku da ke cikin kowane kwafi

Nan ne zuciyar aikin, kuma nan ya kamata a daɗe.

Kowane shiri na rabin awa an haɗa shi ne da abubuwa biyu a daren da aka watsa shi. Na farko fim ne da ma'aikatan shirin suka ɗauko a waje, a kan fim mai faɗin milimita 35, irin na silima, aka wanke, aka tace, aka ɗora a na'ura. Na biyu Murrow ne da kansa, zaune a ɗakin sarrafa shiri na Studio 41 da ke ginin tashar jirgin ƙasa ta Grand Central, yana magana kai tsaye, allunan talabijin na bayansa, darakta yana aiki kusa da shi. Daraktan farko shi ne Don Hewitt, wanda daga baya ya kafa 60 Minutes a 1968. A shirin farko ma an ƙara da hoton kai tsaye daga nesa: gadar Brooklyn a New York da gadar Golden Gate a San Francisco a lokaci ɗaya, abin da ya yiwu saboda layin kamfanin AT&T da ya haɗa gabas da yamma ya fara aiki a Satumbar wannan shekarar.

Abu na uku shi ne yadda aka adana haɗin. Kafin zuwan kaset ɗin bidiyo, hanya ɗaya ce: a kafa kyamarar fim a gaban allon talabijin mai haske sosai, ta ɗauki abin da ke fita. Wannan shi ake kira kinaskof, kuma yawanci a kan fim mai milimita 16 ake yin kwafin da ake rabawa tashoshi. Kamfanin Ampex ya nuna na'urarsa ta kaset mai faɗin inci 2 a Afrilun 1956, CBS kuma ta fara amfani da ita a iska ranar 30 ga Nuwamba 1956 da labaran Douglas Edwards. Ma'ana, duk shekarun da shirin yake na mako-mako, babu kaset. Duk wanda ya ce yana da "asalin kaset" na shirin McCarthy na 1954, abin da yake da shi kwafi ne da aka juya daga fim a baya.

Ta yaya za ka gane kinaskof? Talabijin ɗin Amurka yana fitar da rabin-hoto 60 a daƙiƙa, wato cikakkun hotuna 30, fim kuwa yana ɗaukar 24. Kyamarar kinaskof tana haɗa rabi biyu ta yi hoto ɗaya, ta cinye 48, sauran 12 kuma su ɓace a lokacin da take jawo fim gaba. Sakamakon haka motsi ya ɗan yi tsalle-tsalle, musamman idan kyamara na juyawa gefe. Idan na'urar ba ta daidaita da kyau ba, za ka ga wani siririn layi a kwance a tsakiyar hoto yana ƙyaftawa. Fari yakan ƙone ya zama fat, baƙi ya cushe, kusurwoyi su yi duhu ko su lanƙwashe, a kewayen abu mai ƙyalli kuma a ga baƙin zobe, wanda laifin bututun kyamarar situdiyo ne na wancan zamani. Ɓangaren da aka ɗauko a waje ya fi shan wahala, domin ya bi ta fim, ya bi ta talabijin, ya sake komawa fim.

Idan ka ga kwafin da hoton waje ya fito tas, amma hoton Murrow a situdiyo ya yi dishi-dishi, to wani ne ya sake haɗa shi daga baya: ya ɗauko asalin fim ɗin milimita 35 ya liƙa da kinaskof. Irin wannan ya fi daɗin kallo, amma ba hujja ba ce ta abin da ya fita a iska, domin mai haɗawar zai iya sa yankin da aka zubar a daren, ko ya bar wanda aka nuna. Ka rubuta wannan a jadawalinka.

Sai lissafin tsawo, wanda ke tona yankan da aka yi. Fim ɗin milimita 16 yana da hotuna 40 a kowace ƙafa, yana cin ƙafa 36 a minti. Rabin awa ke nan ƙafa 1,080, shi ya sa ake naɗe shi a faifai mai ɗaukar ƙafa 1,200. Na milimita 35 yana da hotuna 16 a ƙafa, yana cin ƙafa 90 a minti, faifan ƙafa 1,000 bai wuce minti 11 ba. Idan kundin ma'adana ya ce wani kwafi na milimita 16 ƙafa 900 ne, minti 25 ke nan, sai ka tambayi kanka me ya tafi. Sau da yawa tallan Alcoa ne, kamfanin alminiyon da ya ɗauki nauyin shirin tun daga makonninsa na farko, da buɗewa da rufewa. Wani lokaci kuwa gaɓa ce sukutum.

Akwai wani ragin da ba yanka ba ne. Kwafin da ya bi ta tsarin talabijin na Turai ana tafiyar da shi a hotuna 25 a daƙiƙa maimakon 24, ya ƙara sauri da kusan kashi 4 cikin 100. Minti 30 sai ya koma 28 da daƙiƙa 48, muryar Murrow kuma ta ɗan yi sama. Wanda ke nazarin yadda yake jinkirta magana, yana barin shiru tsakanin jimloli, dole ya tabbatar da gudun kwafinsa kafin ya auna komai.

Wajen sauti kuma, a fim ɗin milimita 16 layin sauti yana gaban hotonsa da hotuna 26, ɗan fiye da daƙiƙa guda. Idan fim ya tsinke aka liƙa, hoto zai yi tsalle a wuri ɗaya, sauti ya yi nasa tsallen kamar daƙiƙa guda daga baya. Wannan rashin jituwa alama ce ta gyaran tsinkewa. Idan kuwa hoto da sauti suka yanke tare cif, da gangan aka tace. Bambancin yana da muhimmanci ga duk mai son zargin wani da ɓoye magana.

Idan fim ɗin kansa ya zo hannunka

Kinaskof da yawa sun bazu, domin an riƙa aika su ga tashoshin da layi bai kai gare su ba, da makarantu da ƙungiyoyi. Idan ka samu gwangwani irin wannan, kada ka ɗora shi a majigi. Fara da hanci. Warin tsami mai kama da na ruwan kal yana nufin jikin fim ɗin ya fara ruɓewa, yana fitar da asid, kuma yana harbin na kusa da shi, don haka a ware shi nan take. Akwai 'yan takardun gwaji da ake kira A-D Strips, na cibiyar Image Permanence Institute da ke Rochester: ana sa guda cikin gwangwani a rufe na aƙalla kwana ɗaya, launinta ya sauya daga shuɗi zuwa kore zuwa rawaya, a karanta daga 0 zuwa 3. Daga 1.5 ruɓewar tana ciyar da kanta, tana ƙara sauri. Sanyi da bushewa kaɗai ke rage mata gudu, wajen digiri 4 na Salshiyos da danshin iska tsakanin kashi 30 da 50.

Fim mai tsufa yana ƙanƙancewa. Idan ya ragu da kusan kashi 1 cikin 100, haƙoran majigi ba za su dace da hudojin gefensa ba, sai su yaga shi. Irin wannan sai na'urar sikana marar haƙora. Labari mai daɗi shi ne milimita 16 ba a taɓa yinsa da sinadarin naitiret mai kama wuta ba. Milimita 35 na farkon shekarun 1950 kuwa a duba gefensa: idan an rubuta NITRATE, a bar shi ga ƙwararru, domin Kodak ta daina yinsa ne a daidai lokacin da shirin ke farawa, kuma ragowar tsohon kaya ta ci gaba da yawo.

A gefen fim ɗin Kodak akwai 'yan alamomi da ke faɗin shekarar da aka ƙera shi. Ga wanda aka yi a Amurka, alamar tarawa da ɗigo a bayanta na nufin 1954, ɗigo shi kaɗai 1956, alwatika ita kaɗai 1958. Tarkon shi ne alamomin suna maimaituwa duk shekara 20, saboda haka alamar 1954 ita ce ta 1934 da ta 1974. Kuma shekarar ƙera fim take faɗi, ba shekarar shirin ba. Amfaninta shi ne ta nuna maka ko kwafin na zamanin ne ko an sake buga shi daga baya.

Inda takardu suke

Takardun Murrow suna Jami'ar Tufts a Massachusetts, wani kaso kuma, haɗe da na matarsa Janet, yana Kwalejin Mount Holyoke. Na Friendly suna Jami'ar Columbia a New York. Don kallon shirye-shiryen, akwai Paley Center for Media a New York, da ma'adanar fim da talabijin ta jami'ar UCLA, da Ɗakin Karatu na Majalisar Dokokin Amurka. CBS ce ke riƙe da haƙƙin mallaka da asalin kayan. Kada ka ɓata lokaci a ma'adanar labaran talabijin ta Jami'ar Vanderbilt, domin ta fara naɗa ne a Agustan 1968, shekara goma bayan shirin ya mutu.

Idan za ka rubuta wa ma'adana, ba su kwanan wata da batun, ka tambayi abu huɗu: faɗin fim, tsawonsa a ƙafa, ko kinaskof ne ko asalin fim, da ko talla na ciki. Tambayar "kuna da shirin Murrow?" ba ta haifar da amsa mai amfani.

Rubutaccen shiri ma kala biyu ne. Akwai wanda aka shirya kafin a shiga iska, akwai wanda aka kwafo daga abin da aka faɗa. Tun da Murrow kai tsaye yake magana, sukan bambanta. Littafin da shi da Friendly suka fitar a 1955 mai ɗauke da zaɓaɓɓun shirye-shirye an gyara shi don karatu. Duk maganar da za ka sa a bakin Murrow, ka saurare ta da kunnenka daga kwafin, ka rubuta minti da daƙiƙar da ta zo.

Gwada labaran da kowa ya haddace

Da jadawali a hannu, sai a koma kan maganganun da ake ta maimaitawa.

Na farko, cewa See It Now shi ne shirin gaskiya, wato dokumentari, na farko a talabijin. Ba haka ba ne kai tsaye. ABC ta nuna Crusade in Europe a 1949, jerin shirye-shirye a kan Yaƙin Duniya na Biyu da aka haɗa daga tsofaffin finafinai. Abin da ya bambanta See It Now shi ne yana da nasa masu kyamara da 'yan rahoto da ke zuwa su ɗauko labarin da ke faruwa, su bar mutane su yi magana da bakinsu ba tare da an rubuta musu ba. Tushensa kuma rediyo ne: faifan garmaho na I Can Hear It Now na 1948, sai shirin rediyo Hear It Now daga ƙarshen 1950 zuwa tsakiyar 1951. Don kwatance, Panorama na BBC ya fara a Nuwambar 1953.

Na biyu, kuma mafi girma, cewa Murrow ne ya kayar da McCarthy a dare ɗaya. Jera ranakun kawai ka gani. McCarthy ya yi jawabinsa na garin Wheeling, inda ya ce akwai 'yan kwaminis a ma'aikatar harkokin wajen Amurka, ranar 9 ga Fabrairu 1950, shekara huɗu kafin shirin. Sanata Margaret Chase Smith ta soki salonsa a zauren majalisa tun 1 ga Yuni 1950, 'yan jarida irin su Drew Pearson da mai zanen barkwanci Herblock kuma sun daɗe suna fama da shi. A makon shirin kansa, jigon jam'iyyar Democrat Adlai Stevenson ya yi masa kaca-kaca a Miami ranar 6 ga Maris, Sanata Ralph Flanders na jam'iyyar McCarthy ta Republican ya yi masa ba'a a majalisa a ranar 9 ga Maris ɗin, sa'o'i kafin Murrow ya shiga iska, rundunar soja kuma ta saki rahotonta ranar 11 ga wata a kan matsin lambar da Roy Cohn, lauyan kwamitin McCarthy, ya yi don a fifita abokin aikinsa David Schine da aka ɗauka aikin soja. Zaman sauraron rikicin soja da McCarthy ya gudana daga 22 ga Afrilu zuwa 17 ga Yuni, gidajen talabijin na ABC da DuMont suna nunawa kai tsaye. Majalisar Dattawa ta yi masa Allah-wadai ranar 2 ga Disamba da ƙuri'a 67 da 22. Ƙuri'ar jin ra'ayi ta Gallup ta nuna masu goyon bayansa kashi 50 a Janairu, kashi 34 a Yuni. A cikin wannan tarin, ba yadda za a ware rabon rabin awa guda a auna. Abin da za ka iya rubutawa da hujja shi ne abin da shirin ya yi: ya tara hotunan McCarthy da muryarsa, har da yadda ya titsiye wani jami'in gwamnati mai suna Reed Harris a gaban kwamiti, ya jera su, Murrow yana warware su ɗaya bayan ɗaya, sannan ya rufe da ra'ayinsa a fili. A ganinmu wannan ya isa abin yabo, ba sai an ƙara masa gishiri ba.

Ka kuma kawo masu suka. Mai sharhi Gilbert Seldes, wanda ba masoyin McCarthy ba ne, ya rubuta cewa ba a yi adalci ba, domin ƙwararrun masu tace fim sun fuskanci mutumin da ba zai iya mayar da martani da irin wannan ƙwarewa ba. Martanin McCarthy na 6 ga Afrilu, wanda aka ɗauka a fim, ya kamata a kalle shi gaba ɗaya, ba guntun da ake yawan nunawa ba.

Batun Radulovich ya fi sauƙin tabbatarwa, shi ya sa ya fi dacewa da mai koyo. Laftanar ne na ko-ta-kwana a rundunar sojan sama, mazaunin Dexter a jihar Michigan, aka nemi sallamarsa saboda zargin alaƙa da kwaminisanci da ake yi wa mahaifinsa da 'yar'uwarsa, ba shi ba. Joe Wershba ne ya je ya ɗauko rahoton. Mako biyar bayan shirin, ranar 24 ga Nuwamba 1953, Sakataren Sojan Sama Harold Talbott ya fito a cikin shirin ya sanar da cewa an wanke shi. Nan akwai sanadi da sakamako kusa da juna. Labarin cewa Murrow da Friendly sun biya dala 1,500 daga aljihunsu don tallata shirin a New York Times ya zo ne daga bakin Friendly. Tallan kansa za ka iya nemo shi a jaridar ranar, ka duba ko tambarin CBS na jikinsa. Haka ake yi da duk abin da ya fito daga littafin tunawa, irin wanda Friendly ya wallafa a 1967: a nemo takardar da aka rubuta a lokacin, a ɗora kusa da shi.

Na Annie Lee Moss kuwa darasi ne ta ɗaya ɓangaren. Ma'aikaciya ce baƙar fata a sashen sadarwa na Pentagon, hedkwatar tsaron Amurka, wadda kwamitin McCarthy ya zarga da zama 'yar kwaminis, shirin kuma ya bar mai kallo da tunanin cewa an rikita ta da wata mai irin sunanta. A 1958 wata hukumar gwamnati ta ce takardun jam'iyyar kwaminis suna ɗauke da sunan da adireshinta. Masana tarihi na ci gaba da muhawara a kan ma'anar hakan. Mai rubutu ya kawo duka biyun, ya kuma raba tambayar ko an bi ƙa'ida wajen tuhumarta da tambayar ko zargin gaskiya ne.

Na uku, cewa an hukunta shirin nan take saboda McCarthy. Fim ɗin Good Night, and Good Luck na 2005 ya matse lokaci har mai kallo ya ɗauka haka. Jadawali ya nuna Alcoa ta ci gaba da biya fiye da shekara guda bayan 9 ga Maris 1954, sai a 1955 ta janye. Akwai kuma dalilin kasuwa da ke zaune a fili: ranar 7 ga Yuni 1955 CBS ta fara shirin kacici-kacici The $64,000 Question da ƙarfe 10 na daren Talata, dab da See It Now, ya ja dandazon masu kallo, rabin awar da ke biye da shi ta zama mai tsadar da shirin labarai ba zai iya riƙewa ba. A 1950 kusan gida 9 cikin 100 ne ke da talabijin a Amurka, a 1955 sun kai kusan biyu bisa uku, lokacin iska ya zama kuɗi sosai. Wannan ba ya wanke shugaban CBS William Paley daga gajiya da rigima. Rabuwar ƙarshe ta zo a 1958, bayan wani shiri a kan mayar da Alaska da Hawaii jihohi, inda CBS ta ba ɗan majalisa John Pillion lokacin martani ba da yardar Murrow ba. Dalilan biyu, kuɗi da siyasa, a rubuta su tare, kowanne da ranarsa.

Shekarun da ake tsallakewa

Yawancin masu rubutu suna tsayawa a 1954, alhali kusan rabin rayuwar shirin tana gaba. Mako guda bayan hukuncin Kotun Ƙoli na 17 ga Mayu 1954 da ya haramta wariya a makarantun gwamnati, shirin ya je Gastonia a North Carolina da Natchitoches a Louisiana ya ji ta bakin mazauna. A Mayun 1956 ma'aikatansa suka bi mai busa Louis Armstrong zuwa Accra, kafin ƙasar ta zama Ghana. A ƙarshen 1957 aka nuna rangadin mawaƙiya Marian Anderson a Asiya. Shirin ƙarshe a kan Jamus ne. Waɗannan dogayen shirye-shirye kusan duka fim ne, ba su dogara da situdiyo kamar na farko ba, don haka kwafinsu ya fi tsabta, kuma su ne gadar da ta kai ga CBS Reports, wanda ya fara a Oktoban 1959 a hannun Friendly.

A nan ma ake yawan cakuɗa abubuwa. Harvest of Shame, rahoton ma'aikatan gona masu yawo na 25 ga Nuwamba 1960, na CBS Reports ne. Hirarrakin Murrow da taurari a gidajensu na Person to Person ne, wanda ya fara a Oktoban 1953. Jawabin da ya soki masu talabijin a Chicago ranar 15 ga Oktoba 1958 a taron daraktocin labarai ya yi shi, wata uku bayan an rufe shirin, ba a iska ba. Bidiyoyi da yawa a YouTube suna ɗauke da sunan See It Now alhali ɗaya daga cikin waɗannan ne.

Wajen ambaton shiri a rubutunka, ka ba da kwanan watan fitarsa, sunan ma'adanar, irin kwafin, tsawonsa, da mintin da maganar ta zo. Idan daga intanet ka kalla, ka faɗi haka, ka ƙara ranar da ka kalla, domin irin waɗannan bidiyoyi ana sauke su. Idan kuma za ka sa guntun hoto a naka shirin, izini daga sashen lasisi na CBS ake nema, ko da ma'adanar wata jami'a ce ta ba ka kwafin, domin mallakar gwangwanin fim daban, mallakar abin da ke cikinsa daban. Shirye-shiryen da ke da waƙa, irin na Armstrong da na Anderson, suna buƙatar izini na biyu daga masu haƙƙin waƙoƙin.